Mai zanen aska, hannun da zare ya rufe

Idan babbar riga mai aska takwas ta fito ranar hawan sallah a Karaye, tambayar jama'a ba ta wuce wane ne ya sa ta da nawa aka saye ta. Wani lokaci a yaba wa maɗinki. Amma kafin allura ta taɓa yadin akwai wanda ya zauna ya fitar da zanen, kuma shi ne ba a jin sunansa.

Rigar gargajiya aikin hannu da yawa ce. Mace ta gurje auduga ta kaɗa zare da mazari, masaƙi ya saƙa ƙwarya-ƙwarya, marini ya tsoma a karofi, a haɗa ƙoren su zama riga. Daga nan sai a kai wa mai zane, wanda galibi malami ne ko gardin da hannunsa ya faɗa da rubutun allo da zayyana. Zai shimfiɗa aljihun rigar, ya tsoma alƙalami a tawada, ya jawo asake masu tsini daga wuya zuwa ƙasa, ya zagaye tambari a ƙirjin dama, ya sake wani a baya. Ma'auninsa ido ne da yatsa. Shi ke yanke inda aska za ta tsaya, da faɗin linzami, da gurbin da za a bari fili don idon mai kallo ya huta. Maɗinki kuwa zai bi layin nan da zaren tsamiya ko alharini, wata da watanni. Ranar da aiki ya ƙare, zare ya rufe tawada, wanki da bugu sun kwashe sauran. Sana'ar da kanta ke share sawun mai ita.

Shi ya sa muka san sunayen zane, aska biyu, aska takwas, malum-malum, kwaɗo da linzami, ba mu san waɗanda suka ƙago su ba. Wasu kan ce ai gado ne, kowa kwafa yake yi. Duk wanda ya jera tsofaffin riguna biyu masu aska takwas zai ga ba haka ba ne: wannan asakensa sirara ne, wancan ya cika aljihu da ƙulli. Kowane mai zane da salon hannunsa, kamar yadda ake gane rubutun alaramma tun daga nesa. David Heathcote, wanda ya koyar a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, ya lura da wannan, har ya yi rubutu a 1972 a kan wani tarin zane-zanen ɗinki na Kano. Irin wannan bibiya ba ta yawaita ba.

Mata sun fi shan wannan mantuwa. Da hunturu ya kama, hulunan jarirai da safa da rigunan sanyi na ulu sukan cika gidaje. Wata za ta ari hular maƙwabciya, ta juya cikinta, ta ƙirga idanun saƙar, ta fitar da tata. Kafin shekara ƙirar ta zaga gari, wadda ta fara ta kuwa ko a unguwarsu ba a tuna ta. A Ingila ma kamfanonin zare irin su Patons sun daɗe suna buga takardun koyon saƙa da sunan kamfani kaɗai, amma can takarda ta rage, ana iya bin diddigi. Mu namu yana cikin kan tsofaffi ne, ga ɗinkin keke da na kwamfuta suna kwafar zanen ba tare da sanin asalinsa ba.

Ƙasar Rogo ta riga ta nuna mana mafita. Baba ta Karo, wadda ta tashi a yankin Zarewa, ba basarakiya ba ce, amma duniya ta san ta domin Mary Smith ta zauna ta saurare ta, ta rubuta labarinta, littafin ya fito a 1954. Masu zane da masu saƙa da suka rage a Karaye da Rogo sun cancanci irin wannan zama. Ɗalibanmu na Hausa da na tarihi su je su same su, su tambayi kowane ɗaya wa ya koya masa, su ɗauki hoton zanen tun tawada ba ta ɓuya ba, su rubuta sunan mai shi a ƙasa.