Idon Zuci da Idon Kai: Sharhi a Kan Labarin Hayyu Ɗan Yaƙzanu

Akwai wata magana da mu kan ji a bakin 'yan makaranta, musamman waɗanda suka fara karatun ilmin halitta. Su kan ce littattafai iri biyu ne: akwai na ƙage, wanda mutum ya kan tsara daga zuciyarsa don hira, akwai kuma na ilmi, wanda babu kome cikinsa sai abin da ido ya gani, hannu ya auna. Wai mai neman ilmi ba ruwansa da zato, gama an ce zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya. To, wannan karin magana a kan zargin mutane aka yi ta, ba a kan binciken halitta ba. Muna so mu nuna haka da wani tsohon littafi na Larabci, mu faɗi inda ya yi kyau da inda ya kasa.

Sunan littafin Hayyu ɗan Yaƙzanu. Wanda ya wallafa shi Ibn Tufail ne, mutumin Andalus, likitan Sarki Abu Yaƙubu Yusufu, ya rasu a Marrakesh cikin 1185. An juya littafin cikin Latin a 1671, sa'an nan cikin Ingilishi a 1708, masanan Turai suka yi ta karatunsa. Labarin wani yaro ne da ya tashi shi kaɗai a wani tsibiri, ba uwa ba uba, ba malami, ba littafi. Barewa ce ta shayar da shi har ya yi wayo. Tambayar da mai littafin ya sa a gabansa ita ce: in aka bar ɗan Adam da idonsa da hankalinsa kaɗai, ina iyakar abin da zai iya sani?

Wurin da ya fi daɗi cikin labarin shi ne mutuwar barewa. Yaro ya kira ta, ba ta amsa ba. Ya duba idonta da kunnenta da sauran gaɓoɓinta, bai ga rauni ba. Sai ya yi tunani, ya ce lalle cutar tana wani wuri ɓoyayye, wanda dukan jiki ya ke bukata, kuma irin wannan wuri ba zai zama a gefe ba, sai a tsakiya. Ya tuna da abin nan da ke bugawa cikin ƙirjinsa. Ya ɗauki kaifin dutse ya tsaga ƙirjinta, ya kai ga zuciya. Ya tarad da ɗaki biyu, na dama cike da gudan jini, na hagu kuwa wayam. Daga nan ya yanke cewa akwai abin da ke zaune cikin ɗakin nan dā, yanzu ya tashi ya bar gidan kango.

Ku duba da kyau, ku 'yan makaranta. Kafin yaron nan ya taɓa dutse, ya riga ya hango zuciya da idon zucinsa. Da bai kintata akwai wani abu a ɓoye ba, da ba dalilin da zai sa ya tsaga, ko ya san inda zai tsaga. Idon zuci ke nuna hanya, idon kai ya bi ya tabbatar. A nan Ibn Tufail ya cancanci yabo, gama ya zana yadda bincike ke tafiya daki daki, cikin labarin da yaro ƙarami zai iya bi.

Amma ga inda muka rabu da shi. Can gaba ya ce yaron ya tsaga wata dabba da ranta, ya sa yatsa cikin ɗakin hagu, ya iske shi cike da wani tururi fari mai zafi, har ya kusa ƙona masa yatsa. Wannan ba haka ba ne. Ɗakin hagu na zuciyar dabba mai rai jini ne cikinsa, ja wur, wanda ya fito daga huhu. To, ina mai littafin ya samo tururi? Daga koyarwar likitocin dā, waɗanda shugabansu Jalinusu ne, Bayunane, wanda ya yi aiki a Rum cikin ƙarni na 2. Watau yaron da aka ce mana bai taɓa ganin littafi ba, ashe abin da ke cikin littattafan maigidansa ya gano. Marubuci ya ba shi aron idon wani, ya ce nasa ne. Wannan shi ne babban aibin labarin.

Shi kansa Jalinusu zato ya yi amfani da shi. Ya koyar da cewa hanta ce ke mai da abinci jini, jiki kuma yana shanye jinin. Da ya rasa hanyar da jini zai bi daga ɗakin dama zuwa na hagu, sai ya ce akwai 'yan ƙananan ƙofofi cikin bangon da ya raba su, waɗanda ido ba ya iya gani. Likitoci suka riƙe wannan magana fiye da shekara 1000. Ibn Nafis, wanda ya yi likitanci a Alƙahira ya rasu cikin 1288, shi ya ce bangon nan kauri gare shi, ba ƙofa, jini kuwa ta huhu ya ke zagayawa ya komo ɗakin hagu. Gaskiyarsa.

Sa'an nan cikin 1628 wani likitan Ingila, William Harvey, ya fid da ɗan littafinsa a kan motsin zuciya da jini. Lissafi ya yi. Ya ƙiyasta jinin da zuciya ke turawa a bugu guda, ya riɓa shi da yawan bugun da ta ke yi cikin rabin sa'a, wanda ya wuce 1000. Ya ga jimlar ta fi dukan jinin da ke cikin jikin mutum. Hanta ba ta iya yin wannan jini daga tuwon da mutum ya ci. Ashe jini ɗaya ne ke ta kewaya. Yau mun san babban mutum yana da jini wajen lita 5, zuciya kuma tana tura kusan dukansa cikin minti guda. Amma abu ɗaya ya gagari Harvey gani: ta ina jini ke ƙetarewa daga jijiyoyin da ke kai shi zuwa waɗanda ke komo da shi? Ya ce lalle akwai hanya, ko da ya ke bai gan ta ba. Ya rasu cikin 1657. Cikin 1661 Malpighi, mutumin Italiya, ya duba huhun kwaɗo da madubin ƙara girma, ya ga 'yan siraran jijiyoyin nan da suka fi gashi sirantaka.

To, ga mutum biyu, kowannensu ya zaci hanyar da bai gani ba. Me ya bambanta su? Jalinusu ya ƙaga ƙofofinsa don ya tsare koyarwar da ya riga ya riƙe, mabiyansa kuma suka ji nauyin su musa masa. Harvey kuwa lissafi da gwaji suka kora shi zuwa ga zatonsa, ya ɗaure hannun mutum da ƙyalle ya nuna inda jini ke nufa, abin da kowa zai iya maimaitawa. Zaton da ya yarda a gwada shi, shi ne bawan ilmi. Wanda ya ƙi gwaji, ko na babban malami ne, ya zama tatsuniya, har gara ta gizo, domin ita ba ta ce gaskiya ce ba.

Saboda haka muna ba ku shawara ku karanta labarin Hayyu in kun same shi, ku ɗauki halinsa na tambaya, ku bar tururinsa. Kuma kada ku tsaya ga littafi, ko namu na aji. Ran da aka yanka rago a gida, ko kuka bi ta wurin mahauta, ku roƙi zuciyar. Kafin ku sa wuƙa, kowa ya rubuta abin da ya ke tsammani zai gani. Sa'an nan ku tsaga, ku ƙidaya ɗakunan, za ku ga huɗu ne, biyu ƙanana a sama, biyu manya a ƙasa. Ku nemi ƙofofin Jalinusu da tsinke cikin bangon tsakiya. Ku gwada kaurin naman ɗakin hagu da na dama, ku tambayi kanku don me ɗaya ya fi ɗaya. Wanda zatonsa ya ci, ya ƙaru. Wanda nasa ya faɗi, shi ma ya ƙaru, in dai ya yarda gani ya kori ji.