Kogon da Ba Ya Karɓar Kuɗin Shiga

Daga ƙaramar salla zuwa yau, labarai uku matasan marubuta suka turo mini don in karanta a filin adabin da nake gabatarwa a rediyo, biyu daga nan Garwa, ɗaya daga Marwa. Ba su san juna ba, amma kai ka ce hannu ɗaya ne ya rubuta. A kowanne akwai saurayi da ya rufta cikin wani rami a bayan gari, ya tarar da duniya guda a ƙarƙashin ƙasa, lungu na haifar lungu, ƙofa na miƙa shi ga ƙofa. Kuma a can lokaci ba shi da alƙibla: a wani zauren dare ɗaya shekara goma ne, a wani kuwa tsoho ne ke komawa yaro. Ba zan kama suna ba, don ba tozarta kowa na zo yi ba. Ko a littattafan yaƙi da labaran da ake karantawa a YouTube, wannan kogo ya zama gidan kowa da kowa.

Na Marwan ya fi hannu. Akwai wurin da jaruminsa ya ji kiran asuba har sau bakwai kafin ya idar da alwala guda, kuma sai da tsigar jikina ta tashi da na zo nan. Amma da aka kai ƙarshe, gwanin ya fito daga rami da takobi da jakar zinare, ya isa gida ya sami mahaifiyarsa tana tuƙa tuwon da ya bar ta tana tuƙawa. Budurwa na nan, gona na nan, ko akuya ba ta ɓata ba. To me ya kai mu ramin? Shafi tamanin ana nuna mana lokaci ya haukace, ashe haukan wasa ne, bai ciji kowa ba.

Abin mamakin shi ne duk cikinmu ba wanda bai taso da labarin Ashabul Kahfi a kunnensa ba, wasunmu ma kowace Juma'a sai sun karanta surar. Mai karatu ya lura da yadda aka raba nauyi a wannan ƙissa. Ba a yi ta zagayawa da mu cikin kogon ba. An ba mu karen da ya miƙe ƙafafu a bakin ƙofa, da rana mai karkata ta kauce musu, sai barci na shekara 300 da ƙarin 9. Da suka farka, zatonsu yini ɗaya suka yi ko wani yanki na yini. Inda labarin ya ɗau zafi shi ne kasuwa, lokacin da aka aiki ɗayansu da kuɗin azurfa ya sayo abinci. Masu tafsiri sun ce kuɗin ne ya tona shi, domin na zamanin sarki Daƙyanusu ne, wanda ya daɗe da zama ƙasa. Yaro yana ɓoye-ɓoye don tsoron sarkin da babu shi, yana miƙa kuɗin da ba mai karɓa. Shekara ɗari uku ɗin nan, a tafin hannun mai sayar da abinci aka auna su.

Kada wani ya ce wannan abu ya yi wa mai sauraro a Garwa nisa. A farkon 2023, da Babban Bankin Najeriya ya sauya takardun naira 200 da 500 da 1,000 ya kuma sa wa tsofaffin wa'adi, duk mai fatauci tsakanin nan da Yola ko Mubi ya ɗanɗana yadda ake kwana da dukiya a wayi gari da takarda. Iyayenmu kuwa suna tuna Janairun 1994, da aka rage darajar sefa da rabi. Mutanen da suka ga haka ba za ka ruɗe su da agogo mai tafiya da baya ba, sai ka nuna musu abin da agogon ya cinye.

Malam Bello Kagara ya gane wannan tun a Ganɗoki, wanda ya fito a 1934. Ba ƙarƙashin ƙasa jaruminsa ya shiga ba, duniyar aljannu ce, shi da ɗansa Garba Gagare, bayan Turawa sun ci ƙasar da yaƙi. Amma aikin ɗaya ne: an cire mutum daga zamaninsa, an dawo da shi ya tarar da ƙasar da takobinsa ba ya da sauran aiki a cikinta. Ina da ƙorafi a kan littafin, don a ganina Ganɗoki ya yi saurin sakin jiki da sabon zamani, ko da yake wanda ya tuna cewa gasar da Rupert East ya shirya a Zariya ce ta haifi littafin ba zai yi mamaki ba. Duk da haka an caje shi kuɗin shiga. Ya bar duniya guda, bai same ta ba da ya dawo.

Ga shi kuma marubucin da ke arewacin Kamaru ba ya bukatar aron kogo daga finafinan waje. A duwatsun Mandara, wajen Koza, akwai gine-ginen dutse da ake kira Diy-Gid-Biy, masu lunguna da matakalai, waɗanda UNESCO ta sa cikin kayan tarihin duniya a 2025. A cikin kogunan waɗannan duwatsu mutane suka riƙa ɓuya daga mahayan Hamman Yaji na Madagali, wanda ya bar kundin da aka rubuta hare-harensa daga 1912 zuwa 1927. Kusan shekara ɗari bayan haka, jikokinsu suka sake hawa duwatsun saboda Boko Haram. A sansanin Minawao kusa da Mokolo, wanda aka buɗe a 2013, akwai waɗanda suka shigo da niyyar mako biyu, yau 'ya'yan da suka haifa a can sun kai shekarun sakandare. In kana neman wurin da lokaci ya daina tafiya daidai, ka je ka zauna da su.

Da na mayar wa marubucin Marwa da labarinsa, tambaya biyu kawai na rubuta a ƙasa. Ta farko: asuba bakwai ɗin nan da jaruminka ya ji, nawa zai rama? Ta biyu: a mazhabar Malikiyya, matar wanda ya ɓace tana kai ƙara gun alƙali, a yanka mata shekara huɗu, sannan ta yi takaba wata huɗu da kwana goma, ta sami damar yin wani aure. Ka ɗaura wa jaruminka aure kafin ya faɗa ramin, ka bar shi ya yi dare ɗaya a zauren nan na shekara goma, sa'an nan ka kawo shi ƙofar gidansa da almuru ya yi sallama, mu ji wa zai amsa.

Ya turo mini saƙon murya cewa haka zai ɓata wa jarumin suna, masu sauraro kuma ba za su yafe masa ba. Na ce ya rubuto, ni zan karanta, kuma ni zan ɗauki wayoyin.