Tsallake Lokaci da Tsayar da Shi a Ƙagaggun Labaran Hausa: Nazari a kan Gandoki

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce duba yadda marubutan Hausa na farko suka taɓa tafiyar lokaci a cikin duniyar da suka ƙaga, da kuma dalilin yin haka. Za a fi mayar da hankali ga littafin Gandoki na Malam Bello Kagara, ɗaya daga cikin littattafan da aka buga bayan gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933. Abin da ya jawo wannan nazari shi ne tambayar da ɗalibai kan yi a aji: me ya sa labarin da ya faro da tarihi tsantsa ya ɓuge da aljannu?

2.0 Hanyoyi Biyu

Idan muka lura, za mu ga hanyoyi biyu. Ta farko ita ce tsayar da lokaci. A littafi na ɗaya na Magana Jari Ce (1937), aku yana riƙe Musa da labari kowane dare har gari ya waye, don kada ya fita ya faɗa tarkon Waziri. A can fagen fama kwanaki suna tafiya, amma a fada kowane dare yana maimaita na jiya. Haka nan a Iliya Ɗan Maiƙarfi (1951) na Ahmadu Ingawa, tauraron ya ƙare da zama dutse, wato an fitar da shi daga lokaci ɗungum.

Hanya ta biyu ita ce tsallake lokaci: a ɗauke tauraro daga zamaninsa, a dawo da shi bayan duniya ta sāke. Wannan ba baƙon abu ba ne ga Bahaushe, domin tun a makarantar allo ya san ƙissar As'habul Kahfi, waɗanda suka yi barcin shekara 309. Ƙissa gaskiya ce, ƙagaggen labari kuwa ƙirƙira ce, ba a haɗa su a ma'auni ɗaya. Amma ƙissar ta riga ta shirya kunnen mai karatu. Turawa ma suna da irin wannan zubi a labarin Rip Van Winkle (1819), wanda ya yi barcin shekara 20, ya farka ya tarar Amurka ta fita daga hannun Ingila.

3.0 Giɓin da ke Cikin Gandoki

Gandoki yana cikin hanya ta biyu. Kashin farko ya ginu a kan yaƙe-yaƙen zuwan Turawa, da sunayen garuruwa da sarakuna na haƙiƙa, kamar Kwantagora wadda ta faɗi a 1901. Da aka ci ƙasa, sai marubucin ya ɗauke tauraron da ɗansa Garba Gagare zuwa duniyar aljannu da ƙasashen gabas, inda takobi bai daina ci ba. Sa'ad da suka komo gida, mulkin Turawa ya riga ya zauna da gindinsa.

Abu ne mai sauƙi a ce wannan rauni ne na zubi. A ganinmu dabara ce. Littafin an rubuta shi ne don gasar da jami'in mulkin mallaka ke alƙalanci, marubucin kuma malami ne a ƙarƙashin wannan mulki. Ba zai iya bai wa tauraronsa nasara a kan Turawa ba, domin tarihi zai ƙaryata shi. Ba ya kuma so ya nuna jarumi yana miƙa wuya. Sai ya buɗe ƙofa ta uku, ya kai shi inda agogon tarihi ba ya aiki. Da haka Gandoki ya tsira da mutuncinsa, littafin kuma ya tsira daga almakashi.

Sai dai kowace dabara da kuɗinta. Shekarun da aka tsallake su ne waɗanda mai karatu ya fi bukatar ji. Mu ɗauki misali daga ƙasar Haɗeja. A 1906 Sarkin Haɗeja Muhammadu ya ƙi miƙa wuya, aka kashe shi tare da jarumansa a cikin gari. A 1930 hanyar jirgin ƙasa daga Kano ta ratsa Birniwa ta kai Nguru. Shekara 24 ke nan kacal. Da a ce wani barde ya ɓace ranar yaƙin, ya bayyana ranar da jirgi ya fara wucewa, zai yi mamaki, mai karatu kuma zai ji daɗi. Amma manomin fadama da masunci ba aljanin da ya ɗauke su. Su ne suka binne gawawwaki, suka biya haraji, suka ga zuwan cinikin gyaɗa damina bayan damina. Labarinsu shi ne ya faɗa cikin giɓin. Tsallaken ya ceci jarumi, ya bar talaka ba mai ba da labarinsa.

4.0 Kammalawa

Daga abin da ya gabata, za mu iya cewa taɓa lokaci a waɗannan littattafai ba ado ba ne kawai. Abubakar Imam ya tsayar da lokaci don ya nuna magana tana iya kare rai. Yayansa Bello Kagara ya tsallake shi don ya kauce wa abin da ba ya faɗuwa a 1933. Saboda haka muna ba malamai 'yan'uwanmu shawara cewa in an zo koyar da Gandoki, kada a tsaya ga tambayar ina tauraron ya tafi. A tambayi ɗalibai: wace shekara aka ɗauke shi, me ya faru a garinsu a bayansa, wa kuma ya amfana da shirun? Ɗalibin Haɗeja ko Birniwa yana da tsofaffin da suka gaji amsar daga iyayensu. Tattara wannan amsa aiki ne da ke jiran manazarta, kafin masu ita su ƙare.