Kati, Adda da Alƙalami: Sharhi Kan Littattafai Huɗu Game da Kisan Ƙare-Dangi a Ruwanda

A daren 6 ga Afrilu, 1994, aka harbo jirgin saman da ke ɗauke da Shugaba Juvénal Habyarimana na Ruwanda da takwaransa na Burundi, Cyprien Ntaryamira, yana shirin sauka a Kigali. Kafin gari ya waye an kakkafa shingaye a titunan birnin. Cikin kwana ɗari da suka biyo baya aka hallaka mutane kimanin 800,000 bisa ƙiyasin Majalisar Ɗinkin Duniya, akasarinsu 'yan Tutsi, tare da 'yan Hutu da suka ƙi ba da hannu. Gwamnatin Ruwanda kuwa ta ce adadin ya haura miliyan ɗaya. Da adda da kulki aka kashe yawancinsu, kuma sau da yawa maƙwabci ne ya kashe maƙwabcinsa.

An yi rubuce-rubuce masu yawa kan wannan bala'i. Mun zaɓi guda huɗu: biyu na 'yan jarida, ɗaya na malamin jami'a, ɗaya kuma ƙagaggen labari. Tambayar da muka riƙe muna karanta su ita ce: wane ne a cikinsu ya iya nuna mana yadda manomi, wanda bai taɓa kashe kowa ba, ya wayi gari yana saran mutumin da suke ɗiban ruwa a rijiya ɗaya?

Wanda ya fi shahara shi ne na Philip Gourevitch, Ba'amurke, mai suna We Wish to Inform You That Tomorrow We Will Be Killed with Our Families, wanda ya fito a 1998. Doguwar sunan an ciro ta ne daga wasiƙar da wasu fastoci 'yan Tutsi da suka fake a asibitin Mugonero suka aika wa shugaban cocinsu, Elizaphan Ntakirutimana, suna sanar da shi cewa gobe za a kashe su da iyalansu. Bai cece su ba, kuma kotun duniya da ta zauna a Arusha ta same shi da laifi a 2003. Gourevitch gwanin ba da labari ne. Ya fi ƙarfi inda ya tona asirin manyan ƙasashe: saƙon gargaɗin da Janar Roméo Dallaire ya aika hedikwatar Majalisar Ɗinkin Duniya ranar 11 ga Janairu, wata uku kafin a fara, aka hana shi taɓa rumbunan makaman, da ƙudurin Kwamitin Sulhu na 21 ga Afrilu, wanda ya zaftare dakarun kiyaye zaman lafiya zuwa 270 ana tsakiyar kisa. Najeriya tana cikin kwamitin a wancan lokaci, kuma wakilinta, Ibrahim Gambari, yana cikin waɗanda suka nemi a ƙara dakarun.

Inda littafin ya yi rauni shi ne wajen son jarumi. Gourevitch ya zauna da Paul Kagame, jagoran mayaƙan RPF da suka kawo ƙarshen kisan, ya saurare shi kamar ɗalibi gaban malami. Kashe-kashen fararen hula da sojojin RPF suka yi, waɗanda Alison Des Forges ta tattara shaidunsu a rahotonta na 1999, bai ba su nauyin da ya dace ba. Ɗaya jarumin nasa shi ne Paul Rusesabagina, manajan otal ɗin Mille Collines da ya ba mutane sama da 1,200 mafaka. A 2021 wata kotu a Kigali, ƙarƙashin gwamnatin Kagame, ta yanke wa Rusesabagina ɗaurin shekara 25 bisa zargin ta'addanci, aka sake shi a 2023. Mai karatun da ya dogara da Gourevitch kaɗai zai rasa yadda aka yi ɗaya daga cikin gwanayen littafin ya ɗaure ɗayan.

Mahmood Mamdani bai zo neman jarumi ba. Shi kansa ya san zafin a kira mutum baƙo a ƙasarsa, domin yana cikin 'yan Yuganda masu asalin Indiya da Idi Amin ya kora a 1972. A littafinsa When Victims Become Killers na 2001, ya fara da abin da ke ɗaure wa kowa kai: Hutu da Tutsi harshensu ɗaya, Kinyarwanda, addininsu ɗaya, a tuddai ɗaya suke zaune, suna kuma auratayya. To daga ina gabar ta fito? Mamdani bai ce Turawa ne suka ƙirƙiro sunayen biyu ba. Akwai su tun zamanin sarakunan ƙasar, kuma akwai danniya a ciki. Abin da Turawan Beljiyam suka yi shi ne suka ɗauki wani tsohon zato na John Hanning Speke, wai 'yan Tutsi daga wajen Habasha suka zo, suka shigar da shi makaranta da coci da ofis. Ɗaya ya zama ɗan ƙasa, ɗaya ya zama baƙo. Daga 1933 aka fara rubuta wa kowa jinsinsa a katin shaida.

Wannan wuri ya taɓa mu ƙwarai, mu da sana'armu ita ce rubuta manhajar kwamfuta. Mun san abin da gurbi ɗaya a cikin fom yake yi. Kafin kati, ɗan Hutu da ya tara shanu da muƙami yana iya wayar gari zuriyarsa ta koma Tutsi, wanda ya talauce kuma ya koma Hutu. Da aka buɗe gurbi, aka ce dole a cika shi da ɗaya daga cikin zaɓi uku, Hutu ko Tutsi ko Twa, kuma ɗa na uba zai bi, sai ƙofar ta rufe. Turawa sun tafi a 1962, gurbin bai tafi ba. Shekara sittin bayan buɗe shi, wannan katin ne ake nema a shingen kan hanya. Kuma a Nuwamba 1992, wani ɗan siyasa, Léon Mugesera, ya tsaya gaban taro ya ce za a mayar da 'yan Tutsi Habasha ta kogin Nyabarongo. A 1994 gawarwaki suka cika wannan kogi har suka kai tafkin Victoria. Zaton ɗan yawon buɗe ido na ƙarni na 19 ya zama umarnin kisa.

Mamdani ya kuma bayyana tsoron da ke zukatan 'yan Hutu: kisan da sojojin Tutsi suka yi wa 'yan Hutu a Burundi a 1972, da mamayar RPF daga Yuganda a Oktoba 1990, da kashe zaɓaɓɓen shugaban Burundi, Melchior Ndadaye, a 1993. Ruwa ba ya tsami banza. Sai dai a nan ne muke da ja. Bayani ya yi yawa har mamatan sun ɓace. Mutum zai karanta babi bayan babi bai ji muryar uwa ɗaya da ta rasa 'ya'yanta ba. Sannan tarihi ba ya ɗaukar adda da kansa. A lardin Butare, gwamna Jean-Baptiste Habyalimana ya hana kisa ya yaɗu kusan mako biyu, sai da aka tsige shi, shugaban riƙo Théodore Sindikubwabo ya je da kansa ranar 19 ga Afrilu ya zuga jama'a, sannan aka fara gadan-gadan. Tarihin Butare da na Kigali ɗaya ne. Bambancinsu shi ne wanda ke zaune a kujerar gwamna.

Jean Hatzfeld, ɗan jaridar Faransa, ya bi wata hanya dabam. A Une saison de machettes na 2003, wanda aka fassara zuwa Ingilishi da sunan Machete Season, ya je gidan yarin Rilima ya zauna da wasu abokai goma daga yankin Nyamata, ya bar su suka yi magana. A wannan yanki an kashe kimanin 50,000 daga cikin 'yan Tutsi 59,000 a wata guda. Abin da ke tayar da tsigar jiki shi ne yadda suke ba da labarin kamar na aikin gayya. A taru da safe a filin ƙwallo, a gangara fadama inda mutane suka ɓuya, a yi ta sara har a busa usur da yamma, a koma a ci nama a sha giya. Suna maganar kwanon rufin da suka kwashe daga gidajen mamata fiye da yadda suke maganar ƙiyayya. Wasunsu ma sun nuna aikin ya fi noma sauƙi da riba. A cikin littattafan huɗu, wannan ne ya fi kusantar tambayarmu, kuma amsar ba ta da daɗi: an ba da umarni, abokai duk sun fita, ga ganima, ba kuma wanda zai tuhume ka.

Amma a yi hattara. Fursunoni ne ke magana, kowannensu yana da shari'a a wuyansa, kowa yana rage nasa kason. Maganarsu ta bi ta bakin tafinta, sannan ta bi ta alƙalamin Bafaranshe, har manomin ƙauye ya koma yana zuba zance kamar masanin falsafa. Su waye suka rubuta jerin sunaye? Wa ya kafa gidan rediyon RTLM da ke kiran mutane kyankyasai? Wannan yana can saman tudu, Hatzfeld kuwa a fadama ya tsaya.

Na huɗu shi ne Murambi, le livre des ossements, wato littafin ƙasusuwa, na Boubacar Boris Diop ɗan Senegal, wanda ya fito a 2000. Diop yana cikin marubutan Afirka da suka je Ruwanda a 1998 bisa gayyatar Nocky Djedanoum ɗan Chadi, don su gani da idonsu su rubuta. Tauraron labarin, Cornelius, malamin tarihi ne da ya daɗe yana gudun hijira a Jibuti. Ya dawo gida da tunanin an kashe danginsa kaf, sai ya tarar mahaifinsa, Dakta Joseph Karekezi, shi ne ya shirya kisan makarantar koyon sana'a ta Murambi, kuma cikin waɗanda ya tura can har da matarsa 'yar Tutsi da 'ya'yansa biyu. Makarantar gaskiya ce: dubun-dubatar mutane aka tara a ciki da sunan kariya, aka yanke musu ruwa, aka afka musu ranar 21 ga Afrilu. Har yau akwai gawarwaki da aka adana da farar ƙasa a ɗakunan karatun.

Zubin littafin ne ƙarfinsa. Diop yana miƙa bakin magana daga mai shagon hayar kaset zuwa ɗan daba na Interahamwe, zuwa Jessica mai yi wa RPF leƙen asiri, kowa da muryarsa, ba tare da marubuci ya tsaya yana wa'azi ba. Ya kuma yi abin da sauran ukun suka kasa: ya hana mai karatu wurin tsayawa mai tsabta. Cornelius ɗan wadda aka kashe ne kuma ɗan wanda ya kashe, gurbin kati ba shi da zaɓin da zai ɗauke shi. Inda ya yi tuntuɓe shi ne hirar Karekezi da kanar ɗin sojan Faransa, wadda ta fi kama da maƙalar jarida da aka raba wa mutum biyu. Duk da haka lokaci ya gaskata zarginsa, domin a 2021 kwamitin masana tarihi da Faransa ta naɗa ƙarƙashin Vincent Duclert ya ce ƙasar tana da alhaki mai nauyi. Shi ma Diop, kamar Gourevitch, ya yi wa RPF sassauci.

In za a tambaye mu, da Diop za a fara, a bi da Mamdani, a rufe da Hatzfeld. Gourevitch kuma a karanta shi da Des Forges a gefe.

Ruwanda ba Najeriya ba ce, kuma ba ma son kwatancen ganganci. Amma kalmomi biyun da Mamdani ya gina littafinsa a kansu, ɗan ƙasa da baƙo, ba sai an fassara mana su ba. Sun yi aiki a Zangon Kataf a 1992, sun yi a Jos a 2001. Bahaushen da aka haifi kakansa a Jos baƙo ne a takarda, haka ma Ibon da aka haifi kakansa a Sabon Garin Kano, kuma kashe-kashen 1966 a garuruwan Arewa har yau ba mu cika son a tayar da zancensu ba. Takardar shaidar asalin ƙaramar hukuma tana nan, mu ne ma muke mayar da ita gurbin dole a shafukan neman aiki da na shiga jami'a. Ruwanda ta cire jinsi daga katinta bayan 1994.

Bayan dawowarsa daga Murambi, Diop ya juya ga harshen uwarsa, ya rubuta Doomi Golo da Wolof a 2003. Marubutan Hausa suna da masu karatu a waya fiye da kowane lokaci a baya, kuma akwai zawarawa da marayu a Filato da Kudancin Kaduna da Zamfara, daga kowane ɓangare, da suka cancanci a je a zauna a saurare su yadda Hatzfeld ya yi, wannan karon babu tafinta a tsakani.