Turmin Kirya da Gorin Biyetnam

Da wuya a zauna zancen sana'ar itace a arewacin Yobe ba a samu wani ɗan boko ya jawo Biyetnam ba. Hujjarsa ba ta sauyawa. Ƙasar da yaƙi ya ɗaiɗaita har zuwa 1975, ga ta a 2024 ta fitar da katako da kayan katako na sama da dala biliyan 16, fiye da rabinsu zuwa Amurka, mu kuwa har gobe mutum na zaune a gindin darbejiya yana ƙwaƙular gungume da gizago. Daga nan sai ya yanke hukunci biyu: sassaƙa ci-baya ce, kuma masassaƙi ne ke jawo mana hamada. Alƙalumansa daidai suke, ban musa ba. Hukuncin ne na ƙi, don na tabbata mai yanke shi bai taɓa tsayawa ya ga yadda ake fafe turmi daga farko har ƙarshe ba.

Tarihin ba ya buƙatar dogon bayani. A 1987 wani Bafulatani yana haƙa rijiya kusa da ƙauyen Dufuna, a ƙasar Fune, ya ci karo da wani baƙin itace a ƙarƙashin ƙasa. Da masana daga Jami'ar Maiduguri da ta Frankfurt ta Jamus suka tono shi a 1994, sai ga kwale-kwale mai tsawon mita 8 da 'yan kai, an fafe shi daga gungume guda na dangin maɗaci, shekarunsa wajen 8,000. Babu jirgin ruwan da aka taɓa samu a Afirka da ya girme shi, kuma yanzu yana ajiye a Damaturu. Ke nan fafe gungume guda ya daɗe a ƙasar nan tun kafin a san ƙarfe. Daga wannan hannun aka samu turmi da taɓarya, akushi da koshiya, muciya, ƙotar fartanya, kujerar mata, allon karatu da jikin ganga. Kafinta baƙo ne na jiya. Ya samu gindin zama bayan layin dogo ya iso Nguru daga Kano a 1930, jirgi yana kwasar gyaɗa da ƙaro da shanu, yana dawowa da kwano da ƙusa da falankin kudu. Gadon amarya ma ya bi wannan hanya: daga na kara zuwa na ƙarfe mai rumfa, daga nan na katako mai fomeka, yau kuma na MDF mai ƙyalli da ake kwaikwayo daga hotunan Turkiyya da Dubai a waya.

Kowa ya san bambancin mutanen biyu, sai dai ba kowa ya auna nauyinsa ba. Kafinta haɗawa yake yi, masassaƙi kuwa cirewa. In kafinta ya yanka falanki ya gaza, zai ɗauko wani, ko ya cike da gam da garin katako, fenti ya rufa masa asiri. Saran da masassaƙi ya yi kuwa ya tafi ke nan, ba a mayar da ɓawon da ya faɗi ƙasa. Shi ya sa na fi girmama aikinsa, kuma ba na ɓoyewa.

Mu ɗauki turmi, tunda shi ne ya ƙi mutuwa duk da injin niƙa da ya cika unguwanni. Aikin yana farawa ne tun itacen na tsaye. Gwani yana neman kirya, don nauyinta da taurinta da yadda gara ke shakkarta. In ta gagara sai a koma ga abin da ya samu, mai saye kuma yana gane bambancin tun daga ɗagawa. Yana duba gangar jikin ko ta miƙe, ko akwai kogo, ko reshe ya taɓa fita a wurin da bakin turmi zai kasance, domin gurbin reshe nan ne ɓaraka ke somawa. Sai ya datse gungumen, ya kama aiki tun yana ɗanye. Busasshiyar kirya tana dakushe ƙarfe, tana karya wa mutum wuyan hannu.

Abu na farko da ɗan kallo ba ya lura da shi, turmi a tsaye ake fafe shi, yadda itacen ya tsiro. Jijiyoyin itacen suna tafiya ne daga gindi zuwa baki, don haka duk dukan taɓarya a kan kawunansu yake sauka, su ɗan lotsa su dawo. Da a kwance aka fafe shi, kamar kwamin shayar da dabbobi, dukan zai riƙa faɗa wa jijiyoyin a gicciye, bayan ɗan lokaci cikin ya fara tashi sili-sili, uwar gida ta riƙa tsintar itace a gari. Mahauta a ƙasashen Turai suna biyan kuɗi mai yawa don a haɗa musu allon sara da gam a kan wannan ƙa'idar. Namu masassaƙin yana samun ta kyauta daga halittar itacen.

Na biyu shi ne ramin. Gatari ke fitar da siffar waje, gizago ya daidaita, a yanke ƙugu, a bar gindi da faɗi don kada turmin ya yi rawa in mata biyu ko uku suna lugude. Amma cikin ne jarrabawa. In ramin ya yi faɗi a ƙasa, gero ya gudu gefe ya maƙale, taɓarya ta riƙa dukan itace tsirara, mai daka ta gaji surfe bai yi ba. In ya tsuke da yawa, hatsin ya cushe ya daskare, sai an riƙa sa hannu ana tonowa. Turmin kirki bangonsa yana gangarowa ne a hankali, ta yadda kowane duka zai tura hatsi sama ta gefe, ya mirgino ya dawo tsakiya kafin taɓarya ta sake sauka. Wato turmin yana juya abin da ake dakawa da kansa. Babu ma'auni a wurin, babu zane a takarda. Ido ne, da tafin hannu da ake zurawa ana shafawa, da kunne, don yana ƙwanƙwasa bangon yana sauraro, kaurin da ya rage yana jin sa a amo. Kuma turmin surfe daban da ƙaramin turmin dakan yaji ko jajjage, kowanne da zurfinsa.

Na uku ya fi ba ni sha'awa, domin a nan ne ake raba gwani da ɗan koyo. Itace in yana bushewa ba ya ƙanƙancewa daidai ta kowace fuska. Ya fi tsukewa ta kewaye a kan yadda yake tsukewa daga ɓawo zuwa tsakiya, kusan ninki biyu. Shi ya sa duk gungumen da aka yar a rana yake tsagewa daga zuciya zuwa waje. Fafewar da aka yi ta cire zuciyar daga sama, bangon ya samu sararin tsukewa ba tare da ya dare ba. Amma a gindi zuciyar tana nan, kuma gindin dole ya yi kauri don shi ke shan duka. In an bar shi da kauri fiye da kima, wajensa ya bushe cikinsa na jiƙe, ya tsage. In an rage shi da yawa, wata rana taɓarya ta ɓulla. Tsakanin waɗannan biyun akwai 'yar tazara wadda ba ta wuce faɗin yatsu kaɗan ba, kuma a cikinta masassaƙi ke cin abincinsa. Sauran kuma haƙuri ne: a shanya a inuwa, nesa da iskar hunturu, a shafe da mai, sannan a fara dakan dusa a ciki kafin a amince masa da abincin gida. Wanda ya yi gaggawar kai ɗanyen turmi kasuwa, mata za su san sunansa kafin damina.

Akushi ma haka yake, sai dai a taƙaice: itace mai sauƙi irin ɗanya, bango siriri, a babbake shi ya yi baƙi, a shafa mai. Tuwo ya daɗe da ɗumi a cikinsa, don itace ba ya zuƙe zafi kamar tasa. Masu cewa ƙazanta ne, su fara duba robar da suke zuba tuwo mai tururi a ciki.

To, a sa wannan kusa da gadon MDF. Garin katako ne aka kwaɓa da gam aka matse, aka lulluɓe da takarda mai sheƙi. Ba na zargin kafintocin Nguru da Gashuwa da ke aiki da shi. Katako mai kyau sai an ɗauko daga kudu ya biyo ta 'Yan Katako a Na'ibawa ta Kano, kuɗin mota kaɗai ya isa ya kori mai saye, uban amarya kuma abin da zai cika ido ranar jere yake nema. Amma garuruwan nan a bakin ruwa suke. Shekarar da Kogin Yobe ya yi ambaliya ya shiga gidajen Gashuwa, a je a duba abin da ya rage na kayan ɗaki. MDF in ya sha ruwa kumbura yake kamar burodin da aka tsoma a shayi, kuma ba ya komawa. Turmi kuwa a ɗauraye shi a ci gaba da daka. Shi ne kayan da uwa ke bar wa 'ya, in ya tsage a ɗaure shi da ƙarfe, in ya tsufa a kife shi ya zama wurin zama.

Zargin hamada kuwa bai kamata ya ɗauke mu lokaci ba. Bishiya guda tana ba da turame da yawa, kowanne ya yi shekaru masu yawa a gida. A lissafa wannan da lodin itacen wuta da motoci ke fitarwa daga dausayin Haɗeja da Nguru, da na gidajen burodi, da na bandar kifi, da gawayi, wanda kiryar ce ma aka fi so a cikinsa. A ƙara da madatsar Tiga ta 1974 da ta Challawa ta 1992, waɗanda suka rage ambaliyar da ke shayar da dazuzzukan fadama. Masassaƙi dai shi ne wanda ake gani da gatari a fili, shi ya sa laifin ya fi sauƙin rataya masa.

Abin mamaki, masu gorin ba su karanta Biyetnam ɗin da kyau ba. Masana'antun yankin Binh Duong da suke yabo, yawancinsu aikin kwangila suke yi, zanen na mai saye ne, tambarin ma nasa ne, kusan rabin abin da ake fitarwa kuma na kamfanonin baƙi ne. Da yawa sun ƙauro ne daga Sin bayan Amurka ta ɗora wa kayan ɗakin kwanan Sin haraji a 2005, ta ƙara wani a 2018. Arzikin da harajin wata ƙasa ya kawo, harajinta na iya kwashe shi. Biyetnam ba ta kori masassaƙanta ba, garin Dong Ky na nan da sunansa a sassaƙar kujeru masu ado. Hannunta kuma bai fita tsaf daga ɓarnar daji ba: katakon Kamaru na shiga can, madobiyar da aka yi wa kisan kiyashi a Taraba da Kogi ta tafi Sin da Biyetnam, har aka sa ta cikin jerin yarjejeniyar CITES mai taƙaita cinikin halittun da ke fuskantar ƙarewa a 2016, aka dakatar da cinikinta daga Najeriya a 2018. Amurka da kanta ta buɗe bincike kan asalin katakon Biyetnam a 2020.

Abin koyi na gaske a can shuka ne. Daga shekarun 1990 gwamnati ta raba wa iyalai filayen daji, a 1998 ta ƙaddamar da shirin dasa hekta miliyan 5, daji ya tashi daga ƙasa da kashi 30 cikin ɗari na ƙasar zuwa wajen 42. Manomi ya shuka itacen akeshiya, dangin bagaruwa na nesa da aka kawo daga Ostareliya, ya sare bayan shekara 5 zuwa 7, ya sayar, kuɗin nasa ne. Injin ya biyo itace ne daga baya. Mu ba za mu yi irin wannan gudun ba, ruwan Nguru da ƙyar ya kai milimita 500 a shekara, nasu ya ninka haka sau uku ko fiye. Kuma wannan ne ya sa nake cewa ƙasar da itacenta kaɗan ne, mai jinkirin girma, mai tauri, ba ta da sana'ar da ta dace da ita kamar wadda ke mayar da gungume guda kayan shekara talatin. Gasar falanki ba tamu ba ce.

Shirye-shiryen dashen da muka gani, tun daga shirin raya yankin fari na NEAZDP da Turai ta ɗauki nauyinsa a yankin Gashuwa daga 1990 har zuwa Babbar Ganuwar Itatuwa, hankalinsu ya fi karkata ga tare iska da rairayin da ke gangarowa ta Yusufari. Darbejiya da turare suka cika shingayen da muka saba gani. Wa ya tambayi masassaƙi itacen da yake so? Kirya, marke, kanya, aduwa da ɗanya, ya kamata a ce akwai su a kowace gonar renon tsirrai, kuma Jami'ar Tarayya ta Gashuwa, da aka kafa a 2013 a tsakiyar wannan matsala, ita ta fi cancanta ta gwada wace ce za ta jure a tudu, wace ce sai gefen fadama. Ƙwayar kirya tauri gare ta, sai an jiƙa ta a ruwan zafi ko an ɗan kankare ta take tsirowa da wuri, sannan a kare ta daga awaki shekarun farko.

Amma ko an raba tsirrai kyauta, ba mai wahalar renon bishiyar da sai ya roƙi malamin daji kafin ya taɓa ta. Maƙwabtanmu na Damagaram da Maraɗi, da suka fi mu ƙarancin ruwa a wurare da yawa, sun farfaɗo da itatuwa a gonakin da aka ƙiyasta sun kai hekta miliyan 5 tun daga shekarun 1980, yawanci ba da dashe ba, da renon tohon da ke fitowa daga tsofaffin kututture, bayan manomi ya samu tabbacin cewa abin da ya rena a gonarsa nasa ne. Daga Machina zuwa kan iyakar ba wata tafiya ba ce. Majalisar jihar Yobe da masarautun Bade da Nguru za su iya ba manomi irin wannan tabbacin a rubuce, tare da sharaɗin cewa itacen sassaƙa ba ya shiga ramin gawayi.