Zalika Souley: Ladan Mai Fitowa a Matsayin Mugu

1.0 Gabatarwa

Manazarta wasan kwaikwayo sun fi mai da hankali ga marubuci da mai tsara wasa da tauraro. Ba safai ake waiwayar ɗan wasan da aka ɗora wa nauyin fitowa a matsayin mugu ba, alhali kuwa sau da yawa shi ne ke riƙe da jigon wasan. Maƙasudin wannan takarda shi ne duba aikin Zalika Souley (1947-2021), mutuniyar Yamai a Jamhuriyar Nijar, domin a ga abin da irin wannan matsayi ya ba majigi, da kuma abin da ya jawo wa mai shi.

2.0 Fitowarta a Fim ɗin Kaboyi

Zalika ta fara fitowa a 1966, a cikin Le Retour d'un aventurier na Moustapha Alassane, watau "Dawowar Ɗan Yawon Duniya". Labarin wani saurayi ne da ya komo gida daga Amurka da tsarabar kayan kaboyi, ya rarraba wa abokansa. Da suka sa malafa da takalma, suka rataya bindiga, sai kowa ya yar da sunansa na yanka ya ɗauki na silima, suka hau dawaki suka addabi ƙauyensu. Zalika ce mace a cikin gungun, da laƙabin Sarauniya Kiristin.

Sai an san matsayin doki a ƙasashenmu za a gane nauyin wannan fitowa. A Haɗeja, alal misali, doki abin sarauta ne da yaƙi. Mutanen garin ba su manta da yaƙin 1906 ba, kuma har yau a hawan salla mahayi yana bin bayan ubangidansa ne ya kai gaisuwa ga sarki. Kaboyi kuwa ba shi da ubangida, ba ya kai gaisuwa ga kowa. Ashe ke nan abin da Alassane ya nuna shi ne doki ya kuɓuce daga hannun manya. Budurwa da wando a kan sirdi ita ce iyakar wannan kuɓucewa, domin ta keta dokar girma da ta jinsi a lokaci guda. Samarin suna ba da dariya. Ita ce ke sa mai kallo ya ji cewa al'amarin ya wuce wasa.

3.0 Aikinta da Oumarou Ganda

A hannun Oumarou Ganda ne gwanintarta ta nuna. Ta fito a Cabascabo, labarin tsohon soja da ya dawo daga yaƙin Indocin, 'yan abi-yarima da mata suka cinye masa kuɗi. Ta fito a Le Wazzou polygame a matsayin kishiyar da zafin kishi ya kai ta ga kisan kai. Wannan fim ne ya ci babbar kyautar bikin FESPACO na Wagadugu a 1972. Daga nan sai Saïtane (1972) da L'Exilé (1980).

Abin lura shi ne, waɗannan finafinai na wa'azi ne a kan halin jama'a, kuma wa'azi irin wannan ba ya kama zuciya sai laifin ya zama abin yarda. Da a ce kishiyar ta fito kamar dodon tatsuniya, da mai kallo ya la'ance ta ya tashi. Da yake ta fito a matsayin mace mai ciwo a rai, dole a tambayi wanda ya jefa ta cikin wannan hali, sai zargi ya koma kan maigidan da ya mai da aure abin nuna arziki. Wannan shi ne manufar Ganda, kuma ta hannun Zalika ya cim mata.

Amma akwai abin suka. Masu tsara finafinan sun riƙa komawa da ita ga rawa iri ɗaya, ta macen banza ko maƙetaciya. Sun amfana da ita, ba su faɗaɗa mata fage ba.

4.0 Tsakanin Ɗan Wasa da Rigarsa

Sananne ne cewa masu kallonmu kan haɗa ɗan wasa da matsayinsa. Usman Baba Pategi ya rayu da sunan Samanja har rasuwarsa a 2023, haka nan Ƙasimu Yero, wanda ya rasu a 2017, ana tuna shi da matsayin da ya taka a talabijin. Su wannan haɗawa ta jawo musu ƙauna, domin raha suke sa mutane. Zalika kuwa zagi da tsangwama ta jawo mata, kasancewarta mace kuma muguwa a allo. Iya gwanintarta, iya baƙin jininta.

Bayan rasuwar Ganda a 1981 sana'ar majigi ta durƙushe a Nijar. Fim ɗin Rahmatou Keïta mai suna Al'lèèssi (2004) ya nuna Zalika cikin talauci a Yamai, kafin ta tafi aikatau ƙasar waje.

5.0 Kammalawa

Daga abin da ya gabata, abu biyu ya wajaba a kanmu malamai. Na farko, a sanya nazarin ɗan wasa cikin darasin wasan kwaikwayo, daidai da jigo da zubi. Na biyu, a koya wa ɗalibai bambanta mutum da rigar da aka ara masa. Muddin ba a yi haka ba, mata masu hazaƙa a Kano da sauran wurare za su ci gaba da gudun irin wannan matsayi, wasanninmu kuwa su cika da mutanen kirki waɗanda ba su da abokin karawa.