Abu Basir da Ƙawanyar Makka: Sharhi a kan Wani Karatu na Zamani ga Ƙissar Al-Is

Daga cikin littattafan Sira da suka samu karɓuwa a hannun ɗalibai a wannan zamani akwai As-Siratun Nabawiyya: Ardu Waƙa'i'a wa Tahlilu Ahdas na Dokta Ali Muhammad as-Sallabi, malamin nan ɗan ƙasar Libiya. Falalar littafin ba a ɓoye take ba: ya tattara ruwayoyi, ya jera darussa, ya sauƙaƙa wa mai koyarwa aiki. Sai dai a babin sulhun Hudaibiyya ya sanya wa ƙissar Abu Basir (RA) take mai bayyana shi a matsayin jagoran harbul isabat, wato yaƙin sari-ka-noƙe. Wannan suna ya samu gindin zama a laccoci da rubuce-rubucen wa'azi, har aka gina masa bene wanda ya wuce abin da littafin ya faɗa: wai Madina ta yi wa Makka ƙawanya ta fuskar kasuwanci, kuma mutanen Abu Basir su ne hannunta na ɓoye da ya ci gaba da shaƙe Ƙuraishawa a lokacin da yarjejeniya ta ɗaure hannun fili. Wannan maƙala za ta auna wannan karatu da ruwayoyin da aka ɗora shi a kansu.

Asalin ƙissar yana cikin Sahihul Bukhari, a Kitabus Shuruɗ, cikin dogon hadisin Miswar bn Makhrama da Marwan bn Hakam, ta hanyar Zuhri daga Urwa. A watan Zulƙida na shekara ta 6 bayan Hijira (628 Miladiyya) aka ƙulla sulhun shekara goma, kuma cikin sharuɗɗansa akwai cewa duk wanda ya gudo daga Ƙuraishawa zuwa Madina za a mayar da shi. Abu Basir, Utba bn Asid, mutumin Saƙif ne mai ƙawance da Banu Zuhra. Ya tsere zuwa Madina, Ƙuraishawa suka aiko mutum biyu, Annabi (SAW) ya miƙa shi gare su. Da suka sauka a Zul Hulaifa, miƙatin mutanen Madina wanda alhazai suka sani yau da Abyar Ali, suna cin dabino, sai ya yabi takobin ɗayansu, ya nemi ya gani, ya sare shi da shi. Ɗayan ya sheƙa Madina a firgice. Abu Basir ya biyo sawu yana cewa Allah Ya riga Ya sauke wa Annabi (SAW) nauyin alkawari, tunda ya mayar da shi. Annabi (SAW) ya siffanta shi da mai rura wutar yaƙi da a ce yana da mataimaka. Daga nan ya fita zuwa gaɓar teku. Ibnu Ishaƙ ya ambaci wurin da suna, Al-Is, ta ɓangaren Zul Marwa, a kan hanyar fataken Ƙuraishawa zuwa Sham. Abu Jandal ɗan Suhailu bn Amr da wasu raunanan Musulmin Makka suka iske shi can, suka riƙa tare ayari suna kashe masu rakiya suna kwashe kaya, har Ƙuraishawa suka aika suna roƙon Annabi (SAW) don Allah da zumunta ya kira su Madina.

Masu wancan karatu suna da gaskiya a wani gefe, kuma adalci ne a fara da shi. Datse hanyar Sham siyasa ce da Madina ta bi a fili shekara da shekaru. Rundunar farko da aka ɗaura wa tuta, ta Hamza (RA) da mutum 30 a watan Ramadan na shekara ta 1, wajen wannan gaɓa ta Al-Is ɗin ta nufa. Ayarin Abu Sufyan ne mafarin Badar. Da hanyar gaɓa ta gagara, Safwan bn Umayya ya koka cewa in suka zauna a Makka za su cinye jarinsu, suka ratse ta hanyar Iraƙi, Zaidu bn Harisa (RA) ya tare su a ruwan Ƙarada a shekara ta 3 ya kwashe ayarin. Garin da ba ya noma, abincinsa da arzikinsa duk a bayan raƙumi suke zuwa, tsare masa hanya daidai yake da kewaye ganuwarsa. Kiran wannan ƙawanya bai yi nisa da gaskiya ba.

Matsalar ita ce lokaci. Waɗannan hare-hare duka kafin Hudaibiyya ne, a halin yaƙi, da tuta da kwamanda da umarni. Babban abin da Ƙuraishawa suka samu a sulhun shi ne buɗewar wannan hanya. Saboda haka a ranar da Abu Basir ya sauka Al-Is babu wata ƙawanya ta Madina da zai tallafa wa. An riga an ɗage ta da rubutu da shaidu. Wanda ya ce Madina ta buɗe hanya da hannun dama ta rufe da na hagu, ya jingina wa Annabi (SAW) abin da a Shari'a sunansa yaudara, ko da da niyyar yabon basirar yaƙi ya faɗa. Shi ne kuwa wanda ya mayar da Abu Jandal cikin mari, Musulmi suna kallo zuciyarsu na ƙuna, alhali ba a ma gama rubuta takardar ba.

Hujjar da ta fi ƙarfi a hannun masu wancan ra'ayi ita ce kalmar da Annabi (SAW) ya faɗa a masallaci, kuma ba za a tsallake ta ba. Hafiz Ibnu Hajar a Fathul Bari ya ga ishara a cikinta ga Abu Basir ya gudu don kada a mayar da shi, da alama ga Musulmin da labarin ya kai gare su su riske shi, ya kuma kawo cewa jumhurun Shafi'iyya da wasunsu sun halatta irin wannan da habaici, ba da furuci ƙarara ba. Ibnu Ishaƙ ma ya ce maganar ta kai kunnen waɗanda ake tsare da su a Makka, suka fito. To amma a lura da iyakar abin da Hafiz ya ce: gudu da haɗuwa. Bai ce umarni ne na tare ayari ba. Kuma ruwayar Bukhari da kanta ta faɗi abin da Abu Basir ya fahimta daga maganar, shi ne cewa za a sake mayar da shi. Mutumin da ya fita a kan wannan fahimta mai neman mafaka ne, ba kwamandan da aka ba aiki ba. Abin da za a iya tabbatarwa shi ne Annabi (SAW) bai hana su ba kuma bai zarge su ba, kuma tsakanin rashin hani da turawa akwai tazarar da hukunce-hukunce da yawa suka rataya a kanta.

A nan ne karatun zamani yake sare reshen da yake zaune a kai. Duk fiƙihun da magabata suka ciro daga ƙissar ya ginu ne a kan cewa mutanen Al-Is ba sa ƙarƙashin ikon Madina. Ibnul Ƙayyim a Zadul Ma'ad ya yi bayani cewa alkawarin shugaba ba ya hawa kan Musulmin da ba sa hannunsa, kuma ba ya lamunce ɓarnar da suka yi. Ya kuma kawo fatawar malaminsa Ibnu Taimiyya game da Nasaran Malaɗya, wadda ya kafa hujja a cikinta da wannan ƙissa a kan cewa sulhun wani sarkin Musulmi ba ya ɗaure wani sarkin. Ƙuraishawa da kansu haka suka ɗauki lamarin. Ibnu Ishaƙ ya ruwaito cewa Suhailu bn Amr ya jingina bayansa da Ka'aba yana rantsuwa ba zai gusa ba sai an biya diyyar wanda aka kashe, Abu Sufyan ya ce masa wannan wauta ce. Da suna ganin hannun Madina a ciki, da zargin warware alkawari za su aika, ba roƙon zumunta ba. In kuwa aka ce 'yan Al-Is dakarun Madina ne a asirce, to sulhu ya hau kansu, diyya ta wajaba, istimbaɗin malaman nan duka ya rushe. Ba a cin tudu biyu a nan. Aya ta 72 ta Suratul Anfal ma ta riga ta shata wannan layi, inda ta wajabta taimakon muminan da ba su yi hijira ba, ta togace taimaka musu a kan mutanen da ake da alkawari da su.

Akwai kuma tarkon lafazi. Ruwayar Bukhari ta kira waɗanda suka taru isaba, kalmar da a Larabcin farko take nufin ƙungiyar mutane kaɗan, har Ibnu Hajar ya tsaya yana tattauna adadin da take ɗauka. Larabawan zamani kuwa da suka nemi suna ga salon yaƙin da ya yi tashe tun gwagwarmayar mutanen Sifen da rundunar Napoleon (1808 zuwa 1814), sai suka ɗauko jam'in wannan kalma. Kunne yana jin lafazi ɗaya, sai zuciya ta ɗauka ma'ana ɗaya ce. Mayaƙan sari-ka-noƙe na zamani suna da manufa ta siyasa, da shugabanci, da burin karɓe ƙasa ko kifar da mulki. Mutanen Al-Is, 70 a wajen Ibnu Ishaƙ, 300 a ruwayar Musa bn Uƙba bayan wasu daga Gifar da Aslam da Juhaina sun shigo, mutane ne da Makka take azabtarwa, Madina kuma sharaɗi ya hana ta karɓar su. Buƙatarsu ɗaya ce, a buɗe musu ƙofa.

Abin da suka cim ma shi ne wannan ɗin, kuma ba ƙarami ba ne: sharaɗin da ya fi ƙona ran Sahabbai a Hudaibiyya, waɗanda suka dage a kansa su ne suka dawo suna roƙon a soke shi. Amma ba su ne suka kayar da Makka ba. Abin da ya jawo buɗe ta a Ramadan na shekara ta 8 shi ne harin Banu Bakr a kan Khuza'a da taimakon wasu Ƙuraishawa, kuma runduna ta mutum 10,000 ce ta shige ta da rana tsaka.

Wani abu da laccocin nan ba su cika tsayawa a kansa ba shi ne yadda aka kawo ƙarshen kowane matsi. Musa bn Uƙba ya tafi a kan cewa mutanen Abu Basir ne suka kama ayarin Abul As bn Rabi', mijin Zainab 'yar Annabi (SAW), saɓanin masu jingina shi ga rundunar Zaidu, kuma Ibnul Ƙayyim ya rinjayar da maganarsa. A wannan ruwaya, da labari ya kai musu cewa Zainab ta ba mijinta mafaka kuma Annabi (SAW) ya yi magana a kai, sai suka mayar da kayan duka har da igiyar ɗaure raƙumi. Wato mutanen da Shari'a ba ta ɗaure su da sulhun ba, kalma ɗaya daga Madina ta ishe su. Haka labarin Sumama bn Usal (RA), shugaban Banu Hanifa, wanda shi ne ya fi kama da takunkumi na gaske. Bayan ya musulunta ya shaida wa mutanen Makka cewa ko ƙwayar alkama ba za ta zo musu daga Yamama ba sai da izinin Annabi (SAW). Ibnu Hisham ya ce da yunwa ta matsa suka rubuta suna tuni da zumunta, Annabi (SAW) ya aika wa Sumama ya saki abincin. Wanda ya yi wannan shi ne wanda waɗannan mutane suka tsare shi da danginsa a Shi'ibu Abi Ɗalib kimanin shekara uku. Da shaƙe Makka ce manufa, ga dama ta samu sau biyu, kuma sau biyun da takarda aka kwance igiyar.

Wannan gyara ba jayayyar take ba ce kawai. A yankin Sahel ƙungiyoyi masu ɗauke da makamai da sunan addini sun datse hanyoyin Djibo a Burkina Faso tun 2022, suka yi wa Tumbuktu irin haka a 2023, kuma mafi yawan waɗanda yunwa ta ci a ciki Musulmi ne masu salla. Ɗalibin da ya haddace cewa Abu Basir jagoran sari-ka-noƙe ne mai aikin ƙawanya, ba tare da ƙaidojin ƙissar ba, zai rasa abin cewa ranar da aka kafa masa hujja da ita. Ƙaidojin kuwa a bayyane suke: waɗanda aka tare mushirikai ne da suka kori mutanen nan daga gidajensu suka fitine su a kan addini, babu wani alkawari tsakanin ɓangarorin biyu, ba a yi a cikin ƙasar shugaban Musulmi ba, balle a kan talakawansa, kuma ba su kafa wata tuta kishiyar ta Madina ba. Ko fatawar Malaɗya magana take a kan sarki da sarki, ba a kan kowane mai bindiga da ya shiga daji ba.

Masu magazi sun ambata cewa takardar Annabi (SAW) ta iso Al-Is Abu Basir yana kan gargarar mutuwa, ya cika tana hannunsa. Abu Jandal ya binne shi a wurin, ya taho Madina da waɗanda suka biyo shi, sauran suka koma cikin danginsu, ayarin Ƙuraishawa ya ci gaba da wucewa Sham lafiya.